Tarin Fuka, Cutar da Ba Ta Gaggawa

A ƙarshen shekarar 1838 wani makaɗin fiyano ɗan ƙasar Folan, Frédéric Chopin, ya sauka a tsibirin Mayoka na ƙasar Sifaniya, yana neman iskar da za ta sassauta masa tari. Bai jima ba likitocin garin suka duba shi, magana ta fita cewa ciwon huhu ne, irin mai ramar da mutum har ya ƙare. Mai gidan da suke haya ya ce su kwashe nasu ya nasu, ya kuma ɗora musu kuɗin sake shafen bango da na shimfiɗun da za a ƙone. Marubuciyar Faransa George Sand, wadda suka yi tafiyar tare, ta fusata ƙwarai, ta ɗauki mutanen tsibirin a matsayin jahilai masu camfi. A birnin Faris, inda ta fito, manyan likitoci sun tafi a kan cewa wannan ciwo gado ne, jini yake bi. Chopin ya mutu a 1849 yana da shekara 39. Mai gidan hayar bai nuna tausayi ba, amma a batun ko ana ɗaukar cutar, shi ne a kan daidai, likitocin Faris ne suka ɓata.

Gardamar ta girme su nesa ba kusa ba. An ga ɓarnar tarin fuka a ƙashin bayan gawarwakin da Misirawan dā suka adana shekaru dubbai da suka wuce. Hippocrates, likitan Girka, ya lura cewa ta fi kama matasa daga shekara 18 zuwa 35, ya kuma karkata ga cewa gadonta ake yi. Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037, ya lissafa ta a littafinsa Al-Ƙanun cikin cututtukan da ke tashi daga wani su kama wani. Garuruwan Italiya suka bi wannan ra'ayi: Lukka ta yi doka a 1699, Nafoli ta yi tata a 1782, dole likita ya kai rahoton majiyyaci, a kuma ƙone kayansa. Arewacin Turai ya tsaya a kan gado. A Ingila da Faransa ma har an yarda cewa idan ciwon ya fito a kaluluwar wuya, hannun sarki ne maganinsa. Sarki Charles na Biyu na Ingila kaɗai ya shafa wuyan mutum sama da 90,000.

Me ya hana masu hankali raba wannan gardama tsawon ƙarnoni? Halin ƙwayar cutar ne. Ƙyanda ko kwalara idan suka shiga gida, cikin kwanaki kowa ya ga hanyar da suka bi. Tarin fuka ba ta haka. Mai ciwon zai yi tari ko atishawa a ɗaki, ɗigon da ido ba ya gani ya rataye a iska na sa'o'i, wani ya shaƙa. Yawanci garkuwar jiki takan kewaye ƙwayoyin ta tsare su a wani lungu na huhu, ba ta kashe su duka ba, su ma ba su yi ɓarna ba. Mutum zai yi shekara biyu, ko ashirin, ko ya ƙare rayuwarsa, bai san yana ɗauke da su ba, ba ya kuma sa wa kowa. Garwashi ne a ƙarƙashin toka. An ƙiyasta cewa kusan kashi ɗaya cikin huɗu na mutanen duniya sun taɓa kamuwa ta wannan hanya, amma kashi 5 zuwa 10 cikin ɗari ne kawai ciwon kan tasar wa, galibi idan yunwa, ko ciwon sukari, ko tsufa, ko shan taba, ko ƙanjamau suka raunana jiki. To, uwa ta mutu da tari bana, 'yarta ta soma nata bayan shekara bakwai, jikanta bayan wasu goma. Wa zai tuna da iskar ɗakin da suka kwana tare? Sai a ce ciwon gidansu ne. Har gobe akwai inda ake faɗin haka a ƙasar Hausa, har a fasa aure a kai, kuma dalilin da ya ruɗi mutanenmu shi ne ya ruɗi farfesoshin Faris.

Zamanin masana'antu ya buɗe wa cutar ƙofa. Talakawa suka baro karkara suka cunkushe a Landan da Mancesta da Faris, iyali guda a ɗaki guda, ba taga, ba rana, ba ƙoshi. René Laennec, wanda ya ƙirƙiro abin sauraron ƙirji a 1816, ya ƙare rayuwarsa yana sauraron huhun masu wannan ciwo yana kuma buɗe gawarwakinsu, har ya gane cewa ƙurajen da ake gani a huhu da ramukan da suke zamowa duk ciwo ɗaya ne. Shi ma ita ta kashe shi a 1826, yana da shekara 45. A 1865 wani likitan soja, Jean-Antoine Villemin, wanda ya lura cewa sojojin da ke cushe a bariki sun fi na filin daga kamuwa, ya ɗebi ruɓaɓɓen nama daga huhun mamaci ya sa wa zomaye, suka kamu. Manyan likitocin ƙasarsa suka saurare shi, suka ci gaba da abin da suka saba.

Sai Robert Koch. Likitan karkara ne a Jamus kafin a kira shi Balin, kuma abin da ya raba shi da waɗanda suka gabace shi haƙuri ne. Ƙwayar tarin fuka tana da bawo mai maiƙo wanda rini ba ya kama shi da sauƙi, shi ya sa duk wanda ya leƙa madubin likita bai gan ta ba. Koch ya ƙara wa shuɗin rininsa sinadari mai kaifin toka, ya bar samfurin ya kwana a ciki, sai ga siraran sanduna shuɗaye sun bayyana. Saura renonsu a waje. Yawancin ƙwayoyin cuta kan rabu biyu cikin ƙasa da sa'a guda, kwana ɗaya sun cika faranti. Wannan kuwa sai ta yi sa'a 15 zuwa 20 kafin ta rabu sau ɗaya. Koch ya shuka ta a kan daskararren ruwan jinin dabba, kwanaki suka yi ta wucewa ba a ga komai ba. Wani da tuni ya wanke kwalabensa ya kama wani aiki. Shi ya jira, sai a mako na biyu 'yan ɓarɓashi suka fito. Ya sa wa ɓerayen Masar, suka kamu da ciwon, ya sake samo ƙwayar a jikinsu. Ranar 24 ga Maris 1882 ya gabatar da aikin gaban ƙungiyar masana a Balin, ya tunatar da su cewa mutum ɗaya cikin bakwai wannan ciwo ke kashewa. Ranar ce duniya ke tunawa da tarin fuka duk shekara.

Haƙurin da ya ɗaukaka shi, rashinsa ne ya kunyata shi. A 1890 ya sanar cewa ya samo wani ruwa mai tsayar da cutar, ya ɓoye abin da ke ciki. Majiyyata suka yi tururuwa zuwa Balin. Ruwan, wanda aka tace daga ƙwayoyin cutar kansu, bai warkar da kowa ba, wasu ma ya gaggauta ajalinsu. Amfaninsa ya fito daga baya ta wata fuska: idan aka sa ɗigonsa a ƙarƙashin fata wurin ya kumbura bayan kwana biyu ko uku, alama ce jikin ya taɓa haɗuwa da ƙwayar. Gwajin fata ke nan da ake yi har yau.

Daga 1882 zuwa samun magani na gaskiya shekara sittin ce da 'yan kai. A tsakani, abin da likita ke da shi hutu ne da iska da abinci. Aka gina gidajen jinya a kan duwatsu, a Dabos ta Suwizalan, a bakin tafkin Saranak a Amurka, inda majiyyaci zai yi wata da watanni a kwance a baranda. Hoton ƙirji ya zo bayan 1895 ya nuna wa likitoci ramukan, suka shiga hura iska a ƙirji don huhun ya lotse ya huta, wani lokaci har su cire haƙarƙari. Masu kuɗi suka je duwatsu, talakawa suka mutu a gida. Duk da haka mace-macen sun yi ta raguwa a Turai tun kafin a samu ƙwayar magani ko ɗaya, saboda albashi ya ƙaru, gidaje sun samu tagogi, an ware masu tari daga iyalansu, an kuma soma dafa madara. Wannan na ƙarshe ya shafe mu kai tsaye: shanu na da nasu nau'in tarin fuka, yana kuma shiga mutum ta ɗanyen nonon da ba a tafasa ba.

A daidai lokacin da take ja da baya a Turai, mulkin mallaka ya shimfiɗa mata tabarma a Afirka. Ba Turawa ne suka kawo ta nahiyar ba; Afirka ta Yamma ma tana da nau'inta na kanta, wanda masana suka tantance a Dakar a 1968, kuma har yanzu shi ke haddasa wani kaso mai yawa na ciwon a yankin. Abin da mulkin mallaka ya kawo shi ne cunkoso: bariki, kurkuku, sansanin leburori. Sojojin Afirka ta Yamma da Faransa ta kwasa zuwa Yaƙin Duniya na Ɗaya, da yawansu ba su taɓa haɗuwa da ƙwayar ba, ta kuwa cinye su cikin sauri a sansanonin kudancin Faransa. A Afirka ta Kudu, bayan an gano zinariya a 1886, ƙurar dutse ta lalata huhun masu haƙa, ɗakunan kwanansu suka zama matattarar ciwon. Wanda ya soma tari sai a sallame shi ya koma ƙauye, ya kai wa matarsa da 'ya'yansa.

Rigakafi ya zo daga birnin Lil na Faransa. Albert Calmette da Camille Guérin suka ɗauki ƙwayar tarin shanu suna renonta a kan dankalin Turawa da aka jiƙa da ruwan maɗacin sa, duk mako uku su sauya mata wuri. Sau 230 suka yi haka, shekara 13, har cikin yaƙi lokacin da Jamusawa suka mamaye garin, sai da ƙwayar ta rasa ƙarfin sa ciwo. A 1921 aka fara ba wani jariri a Faris wanda tarin fuka ya kashe mahaifiyarsa. A 1930 masifa ta auku a Lubek ta Jamus: an gurɓata rigakafin da ƙwayar cuta mai rai a ɗakin gwajin garin, aka ba jarirai kimanin 250, sama da 70 suka mutu. Bincike ya wanke rigakafin, amma tsoron ya daɗe. Wannan ita ce allurar BCG da ake yi wa jarirai a damtsen hagu, mai barin ɗan tabo. Tana kare yara ƙanana daga munanan nau'o'in ciwon, musamman wanda ke hawa ƙwaƙwalwa ya zama sanƙarau, amma kariyarta ga huhun babba ba ta da tabbas. Mai tabo a hannu yana iya kamuwa.

A watan Oktoba 1943, a ɗakin gwaji na ƙarƙashin ƙasa a Jami'ar Rutgers ta Amurka, wani ɗalibi ɗan shekara 23, Albert Schatz, ya samo maganin sitireftomaisin daga wata halitta da ke rayuwa cikin ƙasa. Malaminsa Selman Waksman ne ya karɓi kyautar Nobel a 1952 shi kaɗai, bayan ɗalibin ya kai shi kotu a kan haƙƙinsa. Ingila, wadda yaƙi ya talauta, ta iya sayen kaɗan ne kawai, sai masana suka mai da ƙarancin abin amfani: aka raba majiyyata 107 ta hanyar ƙuri'a, 55 suka samu allurar da hutu, 52 hutu kawai. Cikin wata shida mutum 4 suka mutu a rukunin farko, 14 a na biyu. Rahoton ya fito a 1948, kuma daga shi aka ɗauki salon gwada magunguna da duniya ke bi yanzu. Sai dai a cikinsa akwai mummunan labari: a jikin yawancin waɗanda aka yi wa allurar, ƙwayar ta daina jin maganin bayan 'yan watanni.

Lissafi ne mai sauƙi. Rami guda a huhu na iya ɗauke da ƙwayoyi miliyan ɗari. A cikin kowace miliyan ɗaya ko fiye, akan samu guda da aka halitta ba ta jin wani magani. Ka ba da magani ɗaya, ka kashe sauran, ka bar wa wannan gudar fili ta hayayyafa. Ka haɗa biyu ko uku, da wuya a samu wadda ta gagari dukkansu. Magani na biyu ya fito daga Suwidin a hannun Jörgen Lehmann, sai isoniyazid a 1952, mai arha da ƙarfi, har jaridu suka buga hotunan majiyyata suna rawa a wani asibitin birnin New York. John Crofton a Edinbara ya haɗa ukun, ya tsare majiyyatansa wata 18 zuwa shekara biyu, ya nuna kusan kowa na iya warkewa. Da farko ba a yarda da alƙalumansa ba don sun yi kyau da yawa.

A ganina, gwajin da ya fi kowanne amfani ga talakan duniya shi ne na Madaras a Indiya, wanda aka fara a 1956 ƙarƙashin Wallace Fox. Indiya na da masu ciwon da yawansu ya ninka gadajen asibitinta sau da dama. Aka ɗauki majiyyata 193, rabi aka kwantar da su shekara guda da abinci mai kyau, rabi aka bar su a gidajensu na talauci suna shan magani iri ɗaya. Sakamakon ya zo kusan daidai, kuma iyalan waɗanda suka zauna gida ba su fi na sauran kamuwa ba. Haɗarin yana kafin a fara magani ne. Da an soma shan wanda ya dace, yaɗuwar kan ragu ƙwarai cikin 'yan makonni. A wannan zamanin ne kuma Richard Riley a Baltimo ya zuƙo iskar ɗakin masu tarin fuka ya kai wa ɓerayen Masar da ke saman ginin, suka kamu ba tare da sun taɓa kowa ba. Ta iska take tafiya. Ware wa majiyyaci kwano da cokali, ko ƙin gaisawa da shi, wulaƙanci ne da ba ya kare kowa. Buɗe taga ya fi.

Gidajen jinya suka rufe ɗaya bayan ɗaya, amma Fox ya ga sabuwar matsala: mutumin da ya ji sauƙi ba ya son ci gaba da haɗiyar ƙwayoyi. Rifamfisin, wanda aka samar a Italiya a shekarun 1960, ya rage nisan tafiyar. Gwaje-gwajen da aka yi a Kenya da Uganda da Tanzaniya da Zambiya a shekarun 1970 suka tabbatar cewa idan aka haɗa shi da firazinamaid, wata shida ya isa. Maganin da ake sha yau a Landan, a jikin 'yan Afirka ta Gabas aka gwada shi. Karel Styblo, likita ɗan Cekoslobakiya wanda shi kansa ya kamu da cutar a sansanin gwale-gwalen 'yan Nazi, ya gina tsarin a Tanzaniya: a gwada kaki da madubin likita, a sha magani a gaban wani, kada magani ya yanke a shago, a rubuta sakamakon kowane majiyyaci. Masu warkewa suka tashi daga ƙasa da rabi zuwa kusan kashi 80 cikin ɗari.

Ƙanjamau ya rushe lissafin. Mai ɗauke da shi ya fi sauran mutane haɗarin tasowar ciwon ninki goma da wani abu, kuma tarin fuka ce ta fi kashe masu shi. A 1993 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ayyana dokar ta-ɓaci a kan cutar, ta ɗauki tsarin Styblo ta yaɗa shi. Najeriya, wadda ta riga ta kafa shirin ƙasa na yaƙi da tarin fuka da kuturta, mai cibiyar horarwa a Saye kusa da Zariya, ta rungumi tsarin a wannan shekarar. Abin da aka hango tun 1948 kuma, wato ƙwayar da ba ta jin magani, ya dawo da girmansa. A Tugela Ferry, wani gari a yankin Kwazulu-Natal, rahoton 2006 ya nuna majiyyata 53 da ƙwayarsu ta gagari kusan duk magunguna; 52 suka mutu, rabinsu cikin kwana 16 da ɗaukar kakinsu. Maganin irin wannan tari mai taurin kai a lokacin shekara biyu ne, da allurai masu kurmantar da mutum. Nijar da Kamaru na cikin ƙasashen farko da suka gwada gajeren tsarin da aka fara a Bangaladash, suka nuna yana aiki a Afirka. Bedakwilin ya fito a 2012, sabon magani na farko cikin shekara arba'in, kuma tun 2022 ana iya warkar da yawancin masu wannan nau'in cikin wata shida, ba allura.

Alamomin ba su sauya ba tun zamanin Hippocrates: tari da ya kai mako biyu, zazzaɓin yamma, gumin dare mai jiƙa riga, rama, rashin cin abinci, ciwon ƙirji, wani lokaci jini a kaki. Takan fito a kaluluwar wuya, ko ta ci ƙashin baya har ya yi doro. Yaro kan daina ƙiba kawai, ya yi laushi. Da yake tana zuwa a hankali, sai a ce sanyi ne, a sayi maganin tari a kemis. A ce shawara ce, a jiƙa sassaƙe. A ce sammu ne. Watanni na tafiya, 'yan ɗaki na shaƙa. Alhali na'urar GeneXpert, wadda aka amince da ita a 2010, tana gano ƙwayar a kaki cikin sa'a biyu, ta kuma faɗi ko tana jin rifamfisin. Gwaji da magani kyauta ne a cibiyoyin gwamnati: wata biyu ana shan haɗin magani huɗu, wata huɗu ana shan biyu. Fitsari zai yi ja, wannan aikin rifamfisin ne, ba abin tsoro ba. Idan ido ya yi rawaya ko gani ya dushe, a koma asibiti a ranar. Bayan 'yan makonni tari ya lafa, jiki ya murmure, majiyyaci ya ce "ai na warke". Bai warke ba. Magani ya fi kama ƙwayar da ke rabuwa, waɗanda suka yi lamo kuwa sai an bi su har ƙarshen wata na shida. Yara da sauran 'yan gidan ma akwai maganin kariya da ake ba su bayan an duba su.

A 2023 mutum miliyan 10.8 suka yi ciwon a duniya, miliyan 1.25 suka mutu. Najeriya ce ta fi kowace ƙasa a Afirka yawan masu shi, kusan rabin miliyan a shekara bisa ƙiyasi. Waɗanda ake ganowa sun tashi daga kimanin 120,000 a 2019 zuwa sama da 360,000 a 2023, saboda ma'aikata sun daina jiran majiyyaci, sun shiga unguwanni da na'urar hoton ƙirji ta tafi-da-gidanka. Rigakafi kuwa har yanzu na Calmette da Guérin ne kaɗai ke da lasisi. Wani sabo mai suna M72 ya kare kusan rabin manyan da aka gwada shi a kansu a Kenya da Zambiya da Afirka ta Kudu, kuma a watan Maris 2024 aka fara babban gwajinsa na ƙarshe, wanda ya ɗauki mutum kusan 20,000. Su ma masu wannan gwaji dole su yi shekaru suna bin mutanen kafin a san wanda ciwon ya tasar wa da wanda bai tasar wa ba.